Yayana da Zinariyar Ofir

Shekaru sun goge mini abubuwa da yawa, har da fuskokin wasu ɗalibaina, amma yammacin da yayana ya zo gidana a Dagmanet ya ce in buɗe masa littafin Yahudawa yana nan daram a kaina. Ba na jin zan manta shi muddin ina numfashi, shi da abin da ya biyo bayansa.

Ni malamin lakwal ne, wato makarantar boko, tarihi da labarin ƙasa nake koyarwa a wani kolej nan Agadas. Ina jami'a a Yamai aka yi mana darasi a kan tsofaffin daulolin gabas, a nan na fara jin cewa akwai masanan da suka ƙarar da rayuwarsu wajen nazarin tsofaffin littattafan addinin Bani Isra'ila, waɗanda aka rubuta da Ibrananci. Wata rana ina ratsawa ta wurin masu shimfiɗa tsofaffin littattafai a bakin titi, sai na ci karo da guda biyu na Faransanci. Ba nassin ba ne shi kansa, bayani ne a kansa. Ɗaya gabatarwa ce don mai koyo, mai sauƙin karatu. Ɗayan kuwa kamar tubali, rabin kowane shafi ƙananan rubutu ne daga ƙasa, inda wannan masani ke musa maganar wancan. Na saye su, na taho da su gida, na yi shekaru ina komawa kansu. A ciki na koyi cewa abin da muke kira littafin Yahudawa tarin littattafai ne, hannaye da yawa suka rubuta su a zamunna daban-daban. Na kuma koyi cewa Ibrananci ɗan'uwan Larabci ne na kusa, har wanda ya yi karatun allo zai iya jin kalmar gida ko ruwa ko aminci ya gane ta. A matsayin tarihi nake karanta su, ba su taɓa shiga tsakanina da sallata ba. Amma unguwa ta sani, kuma akwai masu tsokanata da "Mushe mai littafin Yahudawa", don Mushe ake ce wa malamin lakwal a wurinmu, daga Faransanci.

Yayana shi ya riƙe ni bayan rasuwar mahaifinmu. Bai yi lakwal ba. Albasa yake sarowa daga garakan Tabelot ya loda a kamiyo, babbar motar kaya, ya kai kudu, da wannan albasar aka yi mini karatu. Da zinariya ta ɓulla a hamada, sai ya bar albasa kamar yadda mutane da yawa suka bar sana'o'insu. Ya sayi kat-kat, motar shiga rairayi, da aparai, na'urar nan da ke kuka in ta ji ƙarfe a ƙarƙashin ƙasa, ya haɗa gwiwa da wani mutumin Maraɗi, suka ɗauki ma'aikata. Da farko sun samu. Daga baya wurin ya cika da jama'a, ramuka suka yi ta zurfi, abin da ake fitarwa ya yi ta raguwa. A irin wannan lokaci ne jita-jita ke samun kasuwa.

Ranar da ya zo gidana, matarsa ce ta riga shi zuwa. Da hantsi ta shigo, ko zama ba ta yi ba, ta gaida matata a tsaye ta juyo kaina. Ta ce akwai wata murya da ke yawo a wayoyin masu haƙar zinariya. Wani mutum ne da ba wanda ya san fuskarsa yake cewa ƙasar zinariyar da aka ambata a littafin Yahudawa tana nan cikin hamadar Tenere, gindin wasu baƙaƙen duwatsu can bayan garin Fachi, nesa da duk wata hanya da aka sani. Ta ce mijinta ya riga ya fara tara gazuwal, man motocin, da bidunan ruwa, wato jarkoki.

"Zai zo wurinka yau, Mushe," in ji ta. "A kan abin takarda maganarka kaɗai yake ji. Ka ce masa ka duba, ba nan ba ne."

Na ce mata zan faɗa masa abin da ke cikin littafin.

Ta dube ni ta ce, "Ni ban tambaye ka abin da ke ciki ba. Cewa na yi ka ce masa ba nan ba ne."

Bayan la'asar suka iso shi da abokin nasa na Maraɗi, wani dogon mutum marar yawan magana, mai ƴaƴa ƙanana a gida. Muka zauna a tsakar gida, na ɗora shayi. Yayana ya kunna mini muryar na saurara har ƙarshe. Mai maganar ya iya bakinsa, ya san inda zai ja numfashi da inda zai rantse. Sunan ƙasar ma ya faɗe shi daidai, Ofir.

Na ɗauko babban littafin na nemo wurin. Na gaya musu cewa sunan gaskiya ne. Tsofaffin littattafan sun ambaci wata ƙasa Ofir da ake kawo wa sarkin Bani Isra'ila zinariya daga can, wato annabin nan da Allah Ya hore wa iska da aljanu, har da itace mai daraja da duwatsu masu tsada. Yayana ya zunguri abokinsa da gwiwar hannu. Na ci gaba na ce amma nassin ya ce da jiragen ruwa ake zuwa, daga wata tasha a bakin Bahar Maliya. Na ce masana sun daɗe suna jayayya a kan inda ƙasar take: wasu sun ce kudancin ƙasar Larabawa, wasu sun ce gaɓar Afirka ta gabas, wasu ma sun kai ta Indiya. Na ƙara da cewa da yawansu na ganin an rubuta labarin ne da daɗewa bayan zamanin sarkin, ta yiwu marubutan kansu ba su san wurin ba, sunan kawai suka gada. Ban ga wanda ya ambaci hamadarmu ba.

Na zaci maganar jirgin ruwa ta kashe zancen. Yayana ya kurɓi shayi ya ajiye kofin.

"Mushe," ya ce, don haka yake kirana in yana son ya tuna mini wanda ya biya karatun, "ni da idona na ga ƙasusuwan kifi a tsakiyar Tenere. Na ga kututturan itace da suka zama dutse. Kai da bakinka ka gaya mini da can duk ruwa ne a wurin."

Na ce haka ne, amma wannan ruwan ya ƙafe tun kafin zamanin da ake magana, kuma tafkuna ne, ba teku ba.

"To. Su malaman naka sun yarda a kan wuri ɗaya?"

"A'a."

"Akwai wanda ya je ya tono ya ce ga Ofir?"

"Babu."

"Akwai inda suka rubuta cewa tabbas ba Tenere ba ce?"

Babu mai rubuta irin wannan a littafin ilimi, don ba wanda ya taɓa tunanin za a yi tambayar. Na ce masa, "Ba su rubuta ba, Yaya. Amma rashin rubutawar ba hujja ba ce. Abin da suka ce shi ne ba a sani ba."

Ya tafa hannu ya ce, "Wala! Ba a sani ba. Ka ji ko? Su da suka yi ta karatu ba su sani ba. Mu za mu je mu gani."

Na yi ƙoƙarin jawo shi baya. Na ce masa in masani ya ce ba a sani ba, ba yana nufin ko'ina ma zai yiwu ba ne, yana nufin cikin ƴan wuraren nan da ake zato ba a iya zaɓar ɗaya ba. Na ce in ra'ayina yake so, ƙarya ce muryar nan, kada ya je. Ya saurare ni da fara'a irin wadda babba ke sauraron ƙarami da ita. Mutumin Maraɗi ne kaɗai ya yi mini tambayar da ta nuna yana auna abin. Ya miƙo hannu ya shafa ƙananan rubutun da ke ƙasan shafin ya ce, "Malam, duk wannan gardama ce?" Na ce duk gardama ce. Ya gyaɗa kai. Da aka kira magariba muka yi salla tare, suka tafi.

Bayan ƴan kwanaki suka ɗauki hanya da mota biyu. Sun kira daga Fachi sau ɗaya, daga nan shiru. Na ci gaba da zuwa lakwal ina koya wa yara koguna da duwatsu. In na biya gidan yayana matarsa ta amsa gaisuwata daga cikin ɗaki. Shirun ya yi tsawo har aka fara zuwa yi mata jaje a fakaice, ana cewa an zo gaisuwa ne kawai.

Abin da ya faru daga baya muka ji shi. Sun isa baƙaƙen duwatsun, ko dai wasu baƙaƙen duwatsu, don irinsu ba su ƙirguwa a can. Sun bi gindinsu da aparai bai yi kuka ba. Maimakon su juyo, sai suka ce ƙila na gaba ne, suka ƙara nisa. A hanyar dawowa mota ɗaya ta karye, suka dunƙule cikin ɗayar, ita kuma nauyi ya sa ta yi ta nutsewa a rairayi tana shan mai har ya ƙare. Suka zauna a inuwarta suna raba ruwa da murfin bido. Kullum sai su ƙona taya ɗaya don hayaƙi ya tashi. Wani ayarin gishiri da ya taso daga Fachi ne ya hango hayaƙin, madugun ya aika mutane da raƙuma. Sun tarar da su da sauran numfashi, ban da mutumin Maraɗi. Dama yana da ciwon sukari, bai gaya wa kowa ba. Sun riga sun binne shi a nan gefen motar.

Na je ganin yayana bayan an sallamo shi daga gidan likita. Yana kwance a tabarma ƙarƙashin rumfa, ya rame har wuyansa ya yi tsawo, leɓɓansa duk sun tsattsage. Matarsa ta kawo ruwa ta dire a gabana ta koma. Na yi masa barka da arziki, na yi masa ta'aziyyar abokinsa. Can ya juyo da kai ya ce da wata murya da ta dushe:

"Masu littafin nan naka, suna da rai?"

Na ce wasunsu ƙila.

"In ka samu hanya ka gaya musu ba bayan Fachi ba ne. Mun duba. Su rage wuri ɗaya."

Ban san ko wasa yake yi ba, kuma ban tambaye shi ba. Bai taɓa cewa ni na tura shi ba, ko a ranar ko bayanta. Da ya ji sauƙi ya tafi Maraɗi da kansa ya zauna da iyalan mamacin, ya dawo ya sayar da aparai ya koma albasar Tabelot. Har yau yana aika wa yaran abin da ya samu. Matarsa kuwa ta ɗauki lokaci mai tsawo kafin ta sake kirana Mushe. Ranar da ta yi mini maganar, a taron sunan wata ƴar'uwarmu ne, tana zuba mini abinci ba ta ko dube ni ba. Ta ce, "Kalma ɗaya na roƙe ka." Na ce mata da na faɗe ta, da ya kai muryar wurin wani, kuma ranar da ya gane na yi masa ƙarya ba zai sake jin maganata a kan komai ba. Ta ce, "Wataƙila. Kai ma ba ka sani ba." Wannan kam gaskiyarta ne.

Na sha juya abin a raina cikin shekarun nan. Ban ga inda na faɗi abin da ba haka yake ba, kuma ko yau aka sake tambayata ba zan ƙaga wa littafi abin da bai ce ba. Littattafan suna nan, ina buɗe su lokaci-lokaci, har yanzu ina ganin girman mutanen da ke iya shekara da shekaru a kan nassi ɗaya su fito su ce ba su da tabbas. Sai dai na gane cewa su junansu suke yi wa magana, mutanen da ke zaune a inuwa, waɗanda ba abin da zai same su in amsar ba ta zo ba. Yayana kuwa ya zo ne da gazuwal a mota da ma'aikata suna jiransa, ya riga ya yanke shawara, ƙofa kawai yake nema. Ni na fara masa da inda masana suka saɓa, sai a ƙarshe na ce kada ya je, lokacin da ya riga ya samu abin da ya zo ɗauka.

Abin da wannan lamari ya koya mini shi ne, sanin abu daban, sanin wanda kake gaya wa daban. "Ba a sani ba" magana ce ta gaskiya, amma a kunnen mai buƙata izini ce. Tun daga lokacin, duk wanda ya zo mini da tambaya, kafin in buɗe littafi sai na tambaye shi me yake shirin yi da amsar. In na ga rai ne a ciki, da "kada ka je" nake farawa, gardamar masana ta biyo baya.