Kalma ɗaya a kotu ta kwantar da ni asibiti

Salamu alaikum ƴan uwa. Na daɗe ban leƙo nan ba, masu cigiyata ku yi haƙuri.

Wata safiya na duƙa zan yi alwala, amai ya taso mini. Abin da ya zubo baƙi ne, kamar garin kafe da aka jiƙa. Na tsaya ina kallo ina tunanin me na ci jiya. Ashe jini ne.

Bari in koma baya. Ni Idi mai walda ne a Gaya. Wata ma'aikatar gwamnati, ba zan kama suna ba, ta ba ni kwangilar teburan lakwal, wato makaranta. Na ɗauki ƙarfe bashi wurin Alhaji Garba, bisa cewa in ban biya ba injin waldata ya zama nasa. Na kai aiki, suka karɓa, suka sa hannu. Kuɗi shiru. Kullum "dawo wata mai zuwa". Da na gaji na ɗauki lauya muka shiga kotu a Dosso.

Tun lokacin cikina ke zafi. Sai in sayi ƙwayar ciwon jiki wurin mai tebur, in kora da shayi mai ɗaci, ba abinci.

Ranar zama, alƙali yana ta faransanci, kalma ɗaya na kama: "ranbuwaye". Ni ko na san kalmar nan. Da ita aka kore ni daga lakwal ina aji huɗu. Na ce shi ke nan, an kore mu, inji ya tafi. Ban jira lauya ba, na hau mota na dawo gida na kashe waya. Abinci ya ƙi shiga. Har safiyar da na yi aman nan.

A asibiti aka sa mini ruwa, aka ce jinina ya yi ƙasa sosai. Leda biyu ta jini aka ƙara mini, ɗaya yayana ya bayar. Daga nan aka tura ni Yamai, suka zura mini tiyo mai kyamara ta baki. Wannan kaɗai jika talatin, ban da magani da mota. Gyambon ciki ne ya fashe.

Wallahi na ji tsoro. Na fara gaya wa Inna inda takarduna suke, ta ce, "Rufe mini baki, ni ba magajiyarka ba ce."

Likita ya ce, "Saura kaɗan. Ƙwayar tebur, ka rabu da ita har abada."

Ina kwance Inna ta kunna wayar, sai ga kiran lauya.

"Malam Idi, ina ka shiga?"

"Maitar, ai an kore mu."

"Wa ya kore ka? Ɗage zaman aka yi! A kotu ma'anarta ke nan, a dawo wata rana."

Na yi dariya har cikin ya murɗa.

Alhaji Garba ma ya bugo. Ya ce, "Kai dai ka tashi, yaro. Me zan yi da inji? Ni sayar da ƙarfe na iya, ban iya ƙona shi ba."

An sake ɗagewa, amma a ƙarshe hukunci ya fito namu. Biyan ma sai da lauya ya yi ta zirga-zirga, suka biya kashi biyu. Na sallami Alhaji.

Shawarata: duk aikin da ka kai, a sa maka hannu, ka adana takardar. In ba ka gane maganar kotu ba, tsaya ka tambaya, ba abin kunya ba ne. In ka ga baƙin amai ko baƙin bayan gida, tafi asibiti ranar.

Na gode wa Allah, na gode wa likitoci, da ku da kuka yi ta addu'a. Jiya na kunna injina, ya kama. Inna na bakin shago ta gani, Alhaji Garba ya gani, haka ma Hamani mai shayi, wanda yanzu ko na roƙe shi shayi mai ɗaci, tsurar ruwan zafi kawai yake ba ni.