Bajon Sista Maigawa

Shekara talatin da ɗaya Sista ta yi tana karɓar haihuwa a ƙaramin asibitin da ke bayan tashar mota, a ɗaki mai gado shida da fanka ɗaya da ke juyawa in ta ga dama. Gajeriya ce mai faɗin kafaɗa, muryarta kuwa har bakin get ake ji idan tana ce wa mai naƙuda ta yi nishi. Mahaifinta hedimasta ne, shi ya koyar da rabin garin, don haka sunansa da ke ƙirjinta, a jikin ɗan bajon roba da kowace ma'aikaciya ke maƙalawa, ya fi takardar shaidarta yi mata aiki. Tun tana ƙarama aka san halinta: in kana so ta yi abu, ka ce kada ta yi. Makarantar ungozoma ma don yayarta ta ce ba za ta iya kallon jini ba ta shige ta.

Fankar nan ce ta haɗa ta da mijinta. Mai gyaran fanka ne da injin ruwa, mutum mai sanyin magana, ana ce masa Injiniya. Sau huɗu ya zo gyaran fanka guda a wata ɗaya, har masu shara suka gane ba fankar ce ba ta da lafiya ba. A allon shagonsa an rubuta M.G. da jan fenti, ita kuma ta ɗauka sunan wani kamfani ne.

Saura sati uku biki, suna zaune kan benci a ƙofar shagon, ta fito da fom ɗin da ofishin ma'aikata ke ba duk mai shirin aure. Tambaya ɗaya ce a ciki: za ta ci gaba da sunan gidansu, ko za ta koma na gidan miji?

"Wai ni, Injiniya, mene ne M.G. ɗin nan?" in ji ta, biro a hannu.

Ya ci gaba da naɗa wayar tagulla kamar bai ji ba. Can ya ce, "Maigawa."

"Mai me?"

"Gawa. Ta mamaci. Laƙabin kakana ne, malamin firamare ya rubuta wa babana shi a rajista, shi ke nan ya bi mu. Don Allah ki zauna da na Hedimasta, ni ban ji haushi ba."

Sista ta hango kanta ta sunkuya kan mai naƙuda, bajo yana lilo daidai idon baiwar Allah. Ta ninke fom ɗin gida huɗu ta tura a jaka.

Da an bar ta a haka, da magana ta ƙare. Sai dai kowa ya ga ya kamata ya taimaka mata da shawarar da ta riga ta yanke. Yayarta ta yi dariya har da riƙe ciki, ta ce ai sai a mayar da ita ɗakin ajiye gawa, aiki ya dace da suna. Surukarta ta ja ta gefe ta ce, "'Yar nan, kada ki kuskura. Ni shekara arba'in ina gidan nan, ko a katin awo ban taɓa rubuta shi ba." Matiron, shugabarsu a wurin aiki, ta leƙo ta saman tabarau ta ce muddin tana kan kujerar nan, wannan suna ba zai tsallaka ƙofar ɗakin haihuwa ba. Daga ranar abin ya fara yi wa Sista ƙaiƙayi. Amma tana da hankali, ta danne. Fom ɗin ya shekara biyu a durowa, ƙarƙashin kwalin safar hannu, ba ta cike ba, ba ta kuma yar ba.

A shekara ta uku aka kwantar da surukinta a ɗakin maza, ƙafafunsa sun kumbura. Tsohon mai gyaran agogo ne, idonsa ya yi rauni amma ba abin da ke wuce shi. Da rana ta kawo masa abinci ta same shi yana ƙura wa katin da ke rataye a gadonsa ido.

"'Yata, karanta mini. Me ɗana ya sa aka rubuta?"

Ta duba. "Baba, M.G. aka sa."

Ya ce, "Shekarar da aka yi annobar amai da gudawa, ina ɗan shekara tara. Babana amalanke gare shi, dakon itace yake yi. Mutum ya mutu a ɗaki, 'ya'yan cikinsa su tsaya daga waje suna toshe hanci. Shi ke shiga ya ɗauko gawar. Wata biyu yana yi. Da abin ya lafa, ba wanda ya sake sayen itacensa, wai amalanken ya ɗauki gawa. Waɗanda ya binne wa iyaye su ne suka raɗa masa sunan." Ya gyara kwanciya. "Ba wani abu ba ne. In na mutu a nan dai, kada a ce M.G. ne ya mutu, mutane su ɗauka mota ce."

Sista ta zaro biro daga aljihun rigarta, ta soke haruffan biyu, ta rubuta sunan cikakke da manyan baƙaƙe. Kafin la'asar mutumin da ke gadon kusa ya roƙi a mayar da shi bakin taga, wai zafi ya yi masa yawa.

Tsohon bai mutu ba a karon nan, sai da ya ƙara shekara shida yana yi wa kowa faɗa kan rashin kiyaye lokaci. Amma washegari Sista ta zaro fom daga ƙarƙashin kwalin, ta cike, ta kai ofis. Da yamma ta gaya wa mijinta yana cin abinci. Ya ajiye lomar da ke hannunsa.

"Sista, me na yi miki?"

"Ba kai na yi wa ba, maigida. Ci abincinka."

Bayan wata guda sabon bajo ya iso. Ta buɗe ambulan a gaban Matiron, ta shirya wa faɗa tsaf, sai ta ga an rubuta Maigawayi. Akawun ofishin ma'aikata, wani dattijo mai tausayi wanda Hedimasta ya koyar, ya ga fom ɗin ya tabbata hannunta ne ya kuskure, ya gyara mata. Matiron ta ce ai wannan ya yi, gawayi abin arziki ne, kowa na girki da shi.

Sista ta hau bene ta sami akawun a bayan tulin fayil.

"Malam, ba gawayi ba ne."

"To 'yar Hedimasta, sai a yi haƙuri, za a gyara."

Bajo na biyu ya zo da Maigawo, sunan itace. Na uku ya zo da Maigaba. Kowane karo dattijon yana ƙoƙarin ceto ta ne iyakar iyawarsa, kowane karo kuma sai an sake fom, an kawo hoto biyu, an jira sa hannun wani da ya tafi taro. Matar da ta shekara biyu tana gudun suna, sai ga ta ta yi wata bakwai tana hawa bene tana neman a ba ta shi. Ranar ƙarshe, ofis cike da masu jiran takardar hutu, ta dafa teburinsa da hannu biyu ta ɗaga muryar nan tata ta ɗakin haihuwa.

"Gawa nake so! Gawa! Ta mamaci! Sau nawa zan faɗa?"

Wata mata da ke bakin ƙofa ta lallaɓa ta fice. Akawun ya rubuta yana cewa Allah Ya ba Hedimasta haƙuri.

Hedimasta kuwa da labari ya kai masa, tambaya ɗaya ya yi: an rubuta daidai? Aka ce e. Ya ce to madalla, ya koma kan jaridarsa.

Abin da Matiron ta ji tsoro ya faru, amma na sati biyu kawai. Wasu mazan sun karanta bajon sun nemi a canza musu ungozoma, wata tsohuwa ta tofa addu'a ta juya jikarta ta fuskanci bango. Sai dai naƙuda ba ta barin mutum ya yi karatu, kuma Sista ce mai hannun da ke juya ɗan da ya zo a gicciye. Ba a jima ba mata suka riƙa zuwa daga unguwanni masu nisa suna cewa a kai su wurin Maigawa, suna faɗa hankali kwance kamar sunan mai kayan miya. Matiron ta yi ritaya ba ta taɓa furta sunan ba ko sau ɗaya; "ke" take ce mata. 'Ya'yan Sista uku suka tashi da sunan a makaranta, suka sha tsokana, babbar ta fasa wa wata baki a aji biyu, aka kira uwar, ta je da bajonta a ƙirji.

A watanta na ƙarshe a aiki aka kawo wata matar direba da safe, ɗa ya juya, jini na zuba, likita yana can yana wata tiyata. Awa uku Sista tana kanta, gumi har cikin takalmi, sai da ta fito da 'ya mace mai rai, uwar ma ta tsira. Direban ya durƙusa a baranda yana hawaye, ya rantse sunan wannan baiwar Allah zai sa wa 'yarsa. Ya miƙe ya matso ya karanta bajon, leɓensa na motsi. Ya sake karantawa. Sannan ya juya wurin matar da ke goge ƙasa a gefe, ya gaishe ta da ladabi, ya ce, "Iya, don Allah ke ya sunanki?"

Sista ta wanke hannu ta aika a kawo mata shayi, don ta gado na huɗu ma ta fara kiran sunan Allah.