Malam Kwali da Ƙofar Ɗakin Kwamfuta

Idan ka shigo makarantarmu ka ji wani yana faɗa shi kaɗai a baranda, kada ka tsorata, Malam Kwali ne, malamin kwamfuta. Siriri ne, mai saurin tafiya, mai wata jijiya a gefen wuya wadda mu abokan aikinsa muke dubawa kafin mu gaishe shi. In ta kwanta a yi hira, in ta miƙe a ce masa sannu da aiki daga nesa a wuce.

Ba haka aka haife shi ba. Mahaifinsa mai gyaran rediyo ne, a gindin teburinsa ya tashi yana tsintar ƙananan kusoshi. Da ya girma ya yi aiki a wani shagon buga takardu, inda ya koyi kwamfuta har yana bugu ba ya kallon yatsunsa. Matarsa ta rantse cewa lokacin da ta aure shi har dariya yake yi, haƙora a waje. Mun karɓi maganarta don mace ce mai gaskiya, amma a cikinmu ba wanda ya gani da idonsa.

Abin da ya ɓata shi yana can ƙarshen baranda: wani ɗaki mai ƙofar katako da ƙaton kwaɗo. Shekarun baya wata ƙungiya ta cika ɗakin da sababbin kwamfutoci, ta kafa sola a kan rufi. Saboda su aka ɗauki Malam Kwali aiki. Ranar da ya kama aiki ya nemi mabuɗi, Shugaban makaranta ya ce ya dakata tukuna a gama shiri. Har yau shirin ake yi. An dai ɗinka wa kowace kwamfuta riga mai ɗan ado a baki, wutar solar kuma aka ja ta zuwa ofishin Shugaba, inda take sanyaya masa ruwa a firji.

Ba a buɗe ɗakin sai in baƙi za su zo. Ranar sai a share, a tuɓe wa kwamfutocin riguna, a zaɓo yara masu fararen safa a zaunar da su, a ce su ɗora hannu a kan kibod, wato allon nan mai haruffa, amma kada wanda ya kuskura ya danna. Baƙi su ɗauki hoto, su sha ruwan sanyi, su yaba da yadda makarantarmu ta iya adana kaya. Malam Kwali yana tsaye a bayan hoton, fuska kamar an aiko masa da saƙon mutuwa. Motar baƙi na fita, riguna su koma, kwaɗo ya koma.

Da wani malamin ne, sai ya rubuta wa yara bayani a allo ya koma inuwa. Shi ko ya bi shaguna yana roƙon kwalaye, ya yanka su, ya zauna da rula yana zana wa kowane yaro kibod ɗinsa, harafi bayan harafi, daidai da na gaske. Maimakon maus, ɗan abin nan da ake ja a kan tebur, ya ce kowa ya zo da guntun sabulu. Daga nan sunan Kwali ya bi shi, har matarsa in ta yi fushi da shi take kiransa.

Ga yadda darasinsa yake. Zai tsaya a gaba ya ce, "A danna min K!" Sai kowa ya ɗora yatsa a kan kwalinsa. Tun da kwali ba ya nuna komai, dole ya bi layi-layi ya duba ko yatsa ya faɗa inda ya dace. Don haka ya kafa doka: wanda ya danna ya riƙe, kada ya ɗaga sai Malam ya zo ya gani. Yara suka saba. Ka leƙa ajin ka ga kowa ya danne kwali da ƙarfinsa, ido yana kan Malam yana jiran a ce ya yi daidai.

Ana nan sai jarrabawar shiga manyan makarantu ta koma ta kwamfuta. 'Yan ajin ƙarshe na bara suka je suka dawo jiki a sanyaye. Da aka tambaye su sai su ce na'urar ce ta ƙi su. Muka ɗora wa tsoro laifi muka wuce. Bana kuwa cikin 'yan ajin ƙarshe har da Auta, 'yar Malam Kwali, wadda ba ta taɓa barin na ɗaya a darasin kwali ba.

Matarsa ce ta fara kawo magana. "Baban Auta, ka kai yarinyar nan shagon kwamfuta na bakin kasuwa ta taɓa ta gaske mana. 'Ya'yan mutane iyayensu su ji da su."

"Ni malamin Auta ne ita kaɗai?" ya ce. "Sauran daga sama suka faɗo?"

"To kai ta ka gwada kwalin naka, mu ga ko yana aiki."

Wannan ce ta kama shi. Ya tasa Auta gaba zuwa shagon, ya zaunar da ita, ya harɗe hannu a ƙirji don mai shago ya ga aikin malami. "Rubuta min kaka," ya ce.

Auta ta sami K ba tare da ta duba ba. Ta danna, ta riƙe, ta juyo tana kallon babanta da murmushi. A bayanta sikirin, wato fuskar kwamfutar, ya shiga cika: layi ɗaya na K, layi biyu, rabin shafi. Mai shago ya toshe baki ya fita waje.

"Saki! Ke, saki mana!"

"Baba ai ba ka duba ba."

"Ni za ki kalla? Ga abin kallo a gabanki!"

Yarinya ta juya ta ga abin da ya faru, ta fashe da kuka. Ya buɗe baki zai ƙara mata, sai ya rufe. Daidai ta yi, yadda ya koya mata. Haka ya koya wa 'yan bara, haka ya koya wa duk wanda ya bi ta ajinsa. Mai shago ya ce har suka fita jijiyar nan ta Malam harbawa take.

Washegari bai ko ajiye jaka ba ya faɗa ofishin Shugaba. Ɗakin malamai bango ɗaya ne da ofishin, don haka duk muka ajiye jan biro muka kasa kunne.

"Yallaɓai, mabuɗi na zo karɓa."

"Malam, zauna ka sha ruwa."

"Ruwan da aka sanyaya da wutar yara? Na ƙoshi. Yallaɓai, shekara da shekaru ina koya wa 'ya'yan mutane danna kwali kamar mahaukaci. Na lalata musu hannu da kaina. Jarrabawa ta matso, in ba su taɓa ta gaske ba, faɗuwar bara za a sake."

"Ka san yaran nan," in ji Shugaba. "Kujerar ƙarfe ma ba su bari ba. Ni na sa hannu na karɓi kayan nan. In ɗaya ta lalace, kai za a kira ko ni? Saura kaɗan in yi ritaya, so nake in miƙa su yadda aka ba ni."

"To a ba su sakamakon jarrabawa mana, su kwamfutocin! Su ne ɗaliban da suka fi kowa samun kulawa a makarantar nan. Har riguna gare su, wasu yaran ko takalmi babu!"

"Malam, ka iya bakinka. Muddin ina kujerar nan ba mai taɓa min kwaɗon can."

A gaskiya Shugaba ba mugu ba ne, matsoraci ne, kuma da dalilinsa: ya taɓa ganin an wulaƙanta wani abokinsa a kan injin buga takarda guda. Amma ranar ba wanda ya yi gigin faɗa wa Malam Kwali haka.

Ranar Asabar da hantsi ya iso makaranta da 'yan ajin ƙarshe gaba ɗaya, da kuma ƙanen matarsa, kafinta, mutumin da bai taɓa ɗaukar fushin Malam da muhimmanci ba.

"Yaya, wannan kwaɗon guduma ɗaya ne," in ji kafinta.

"Kwaɗon nasa ne, bar masa abinsa. Ƙofar ta makaranta ce. Kwance ta ta ɗaya gefen."

"In aka kama mu fa? Ni ce musu zan yi kwali ka ce in kawo maka."

"Yi aikinka, sarkin surutu."

Kafinta ya kwance kusoshin da ke riƙe da ƙyauren, suka tura shi gefe yana reto a jikin kwaɗonsa. Yara suka yi cirko-cirko a bakin ƙofa, ba wanda ya iya shiga sai da Malam ya daka musu tsawa. Ya mayar da wayar sola inda aka ciro ta, ya shiga tuɓe riguna yana kunnawa.

Ta farko shiru. Ta biyu shiru. Ya leƙa bayan teburan, inda mai shara ba ya kaiwa ranar baƙi, ya tarar ɓeraye sun yi shekaru suna walima da wayoyi. Ya buɗe cikin wata ya ga zanzaro ya yi gini har hawa biyu. Wata kuma damshin damina ya cinye ta da tsatsa a ƙarƙashin kyakkyawar rigarta. Abin da Malam ya faɗa a lokacin, kafinta ya ce ba zai maimaita ba saboda yana da 'ya'ya. Daga ƙarshe, da ɗan abin da ya gada a teburin mahaifinsa, ya ciri wayar wannan ya sa wa waccan, ya tayar da 'yan ƙalilan, ba su kai yatsun hannu ɗaya ba.

Ya jera yara layi. "Ku saurara! Duk abin da na ce muku game da riƙewa, ku zubar. Danna ka saki. Kuma wanda ya sake kallona sai na saɓa masa, sikirin za ku kalla!"

Duk da haka na farko ya cika shafi da M, na biyu ya ɗaga maus sama yana jujjuya shi a iska don sabulu bai taɓa hana shi ba. Kafinta ya yi dariya har ya zauna a ƙasa.

Suna cikin haka Shugaba ya iso, mai gadi ne ya kira shi. Ya fara duba kwaɗonsa, ya same shi lafiya. Ya shigo da faɗa a bakinsa, sai idonsa ya sauka a kan wayoyin da aka ci da gidan zanzaro da Malam ya ajiye masa a kan tebur. Ya nemi kujera ya zauna.

"Ga shi nan, Yallaɓai," in ji Malam Kwali. "Ba yaron da ya taɓa danna su. Ajiya ce ta kashe su."

Shugaba ya dube shi. Muryarsa a kwance take. "Malam, in na ce wa na sama sun mutu a kulle, ni na kashe su. In na ce malamin kwamfuta ya ɓalle ƙofa ya zuba yara, to kai ne."

"Haka za ka ce?"

"Haka zan ce. Kuma don maganar ta zauna, dole a ga yara suna shiga suna fita. Ƙofar nan ba za a mayar da ita ba sai bayan jarrabawa."

Kafinta ya ce jijiyar Malam ta miƙe har shi kafintan ya ja da baya. Malam ya dubi Shugaba, ya dubi layin yaran da ke jiran su taɓa kibod, Auta a tsakiyarsu tana murza yatsu.

"Firjin fa?" ya ce.

"A kashe shi."

"To rubuta abin da ka ga dama. Kai na gaba, zo zauna! Danna ka saki na ce!"

Haka aka yi makonni, safe da yamma, har Asabar da Lahadi, yara suna karɓa-karɓa a kan 'yan kwamfutocin nan, muryar Malam tana kaiwa bakin titi. Shugaba yana shan ruwan randa kamar kowa. Ranar jarrabawa Malam ya raka su har ƙofar cibiyar da ake yin ta ya tsaya a rana, ya ƙi zama. Da suka fito ba wanda ya ce na'ura ta ƙi shi. Wasu sun ci, har da Auta. Wasu sun faɗi, amma a lissafi da turanci suka faɗi, faɗuwa irin ta mutunci, wadda malamansu za su amsa tambaya a kai.

Rahoton Shugaba kuwa ya yi aikinsa. Kafin ƙarshen zango aka mayar da Malam Kwali wata makaranta can bayan gari, inda ko soket na wutar lantarki babu a bango. Mun taru za mu yi masa jaje, ya ce duk wanda ya ce masa "sai haƙuri" zai ji a jikinsa. Muka taya shi ɗaure kwalayensa a bayan babur.

Kwanan baya na kai masa ziyara. Tun daga bakin ƙofa na jiyo shi yana faɗa. Yara suna zaune da kwalayensu, amma yanzu kowane kwali yana da wani kwalin a tsaye a gabansa, an zana shi kamar sikirin, kuma ba yaron da ya kalle ni da na shiga. Na tambaye shi ko ya huce.

"In huce in yi me?" ya ce. Ya juya ga wani da ya manta yatsa a kan kwali. "Kai! Wa kake jira? Saki!"