Wanda Baba Yake Son Gani

Ni ne na yi kuskure, ba tsohon ba. Na daɗe ina faɗa wa kaina cewa bambancin yare ne ya jawo, amma na san ba haka ba ne.

Ina aiki da wata ƙungiya mai kula da jin daɗin jama'a, ofishinta yana Garki. Karatuna bai wuce sakandare ba, an ɗauke ni ne don Hausa yarena ce, kuma ina jure wa zirga-zirga. Madam ɗin da ke shugabantar mu ita ta koya mana tsarin aikin, kuma ba shi da wuya. Kada ka kinkimo duk damuwar mutum lokaci guda. Ka bar shi ya zaɓi abu ɗaya da ya fi ci masa rai, ya faɗa da bakinsa. Sai ku rarraba shi ƙanana, kowane mako aiki guda, shi ya yi nasa, kai ka yi naka. In makonnin da aka ɗiba sun cika sai a rufe, a koma kan wani.

Da damina ta fara ja baya aka tura ni Yangoji wurin wani tsoho manomi. Maƙwabta ne suka kai maganarsa, wai ba ya cin abinci sosai, ba ya fita. Matarsa ta rasu a bara, ɗansa ɗaya tilo kuma yana gadi a cikin gari. Tun ina cikin mota na gama yanke hukunci: yaro ya yi watsi da ubansa. Ban sha wahalar tunanin haka ba. Ni kaina ina zaune ni kaɗai a ɗaki guda a Tungan Maje, iyalina suna can gida arewa, mahaifina kuma yakan yi watanni bai ji muryata ba. Nakan ciro wayar in duba sunansa, sai in mayar aljihu.

Na sami tsohon a gindin mangwaro, ƙafarsa ɗaya a kumbure, ya miƙe ta a kan tabarma. Daga gefe ga sabuwar doya an tara, ba a taɓa ko ɗaya ba. Muka gaisa, na yi masa bayanin aikina, na ce ya faɗi abu ɗaya da yake so mu yi.

Ya ce, "Oga, ina so in je in gan shi. Tun da ya tafi ban je wurin shi ba."

"Shi ke nan, Baba," na ce. "Za ka gan shi. Wannan makon aikinka ɗaya ne: ka kira yaron nan a waya. Ni kuma zan nemo inda yake gadi."

Ya dube ni, ya dubi ƙafarsa. Ya ce, "To."

Mako ya zagayo na dawo, bai kira ba. Na rage masa aikin kamar yadda aka koya mana, na ce ya sa maƙwabci ya danna masa lambar kawai. Ya ce to. Na dawo, bai yi ba. Na miƙa masa wayata, ya karɓa ya riƙe ta a tafin hannu kamar ƙwai, ya mayar mini.

"Oga, ba ruwan yaro."

"Ba ruwan yaro kamar yaya? Kai fa ka ce kana son ganinsa!"

"Ina so in gan shi," ya ce a hankali.

Raina ya ɓaci. Na ce masa akwai mutane da yawa masu jiran taimako, kuma ba a taimakon wanda bai son taimakon kansa. A gaban jikokin maƙwabta na faɗa, da murya sama. Da makonnin suka cika na shaida wa Madam cewa tsohon ya ƙi ba da haɗin kai. Ta tambaye ni, "Shi ya zaɓi aikin?" Na ce e. Aka rufe.

Watanni suka wuce. Wata rana a tashar Zuba na tsaya sayen gasasshiyar doya da manja wurin wata mata da na saba da ita. Na ce, "Mama, kwana biyu ba ki fito ba."

"Ai 'yata ne ya haihu," ta ce tana juya doya a kan wuta. "Shi da jariri lafiya lau."

Na yi dariya na ce, "Allah ya raya. Amma Mama, mace ai ita ce, ba shi ba."

"Kai dai ka ji magana, malamin Hausa. Barkono nawa?"

Na tsaya da doyar a hannu har ta huce. Shekaru ina jin wannan Hausar a kasuwa da cikin mota, inda mace takan zama shi, namiji ya zama ita, har tsokanar mutane nake yi a kai. Ban taɓa rikicewa ba sai a gindin mangwaron nan, domin a can na riga na zo da amsata.

Ranar Asabar na shiga motar Kwali zuwa Yangoji da kaina, ba ofis ne ya aike ni ba. Babu tabarma a gindin mangwaro. Wata maƙwabciya ta nuna mini ɗaki, ta ce yanzu ko ƙofa ba ya iya kaiwa. Na yi sallama na shiga. Ya rame, kumburin ya haura har gwiwa, amma ya gane ni.

"Oga, ka dawo? Ban kira yaro ba."

Na durƙusa kusa da shi. "Baba, ba wannan ya kawo ni ba. Wa kake son gani?"

"Matata mana," ya ce, kamar yana mamakin tambayar. "Yana kwance a garinsu, bayan dutse."

Sai ya ba ni labarin, da kaɗan-kaɗan. Tun aurensu, duk shekara in ya tono doyar farko ita ke fara ɗanɗanawa, ta ce masa ta yi ko ba ta yi ba, sannan ya ci. Abin da yake so kawai shi ne wani ya goya shi a mashin zuwa kabarinta, ya ajiye mata doya ɗaya, ya faɗa mata an tono. Ɗansa yana zuwa duk ƙarshen wata, ba abin da ya rage shi da shi, sai dai mutumin coci ne sosai, ya ce wannan aikin mutanen da ne, kada ya ƙara jin maganar. Shi ne mutum ɗaya da tsohon ba zai iya roƙo ba, ni kuma shi na dage sai ya kira.

"Me ya sa ba ka gyara mini ba, Baba?"

"Kai ne oga. Na ɗauka sai na gama naka za a zo kan nawa."

Na dubi ƙafar. A lokacin da na fara zuwa zai iya hawa mashin, tafiyar kuma ba ta kai rabin yini ba. Yanzu ko zama sai an tallafe shi. Doyar bana kuwa, ya ce, ya rabar wa maƙwabta, garin masara yake sha.

Na so in ce zan nemo mota, zan yi wa Madam magana, za a sake buɗewa. Na haɗiye, domin ban san ko zai yiwu ba, kuma na san zai ce to. Na cire hulata na riƙe hannunsa.

"Baba, ka faɗa mini gaskiyar abin da kake so, ni ne ban saurare ka ba. Na yi maka tsawa a gaban yara, na je ofis na ce kai ka ƙi. Ƙarya na yi maka. Na hana ka zuwa wurin Mama lokacin da ƙafarka za ta kai ka. Don Allah ka yafe mini."