Famfon Gwadabe

Gwadabe direban tifa ne a ma'aikatar ayyuka ta Wudil. Ba shi da surutu. Idan aka ce masa sannu ya ce yawwa, idan aka ce a kai yashi wuri kaza ya kai. A Indabo aka haife shi. Ya yi noma har ya cika shekara ashirin, sannan ya gangaro Wudil ya shiga lodin yashi a bakin kogi. Shekara bakwai yana riƙe da shebur kafin wani direba ya yarda ya ɗora shi a kan sitiyari. Rabin gine-ginen da suka tashi a garin a shekarun nan da yashin da ya ɗauko aka yi su, amma shi da matarsa Indo da 'ya'yansu biyar a ɗaki biyu na haya suke zaune, bayan kasuwa, inda duk ranar Juma'a ƙurar shanu ke shiga har cikin miya.

Da aka yi ƙarin albashin Udoji, kuɗi suka shigo hannun ma'aikata. Wasu suka sayi rediyo mai kaset, wasu babur. Gwadabe bai sayi komai ba. Gida yake so. Shekara ta zagayo ya ji labarin wani kamfani a Kano da ke ba ma'aikata rance su gina gida, ana cira daga albashi a hankali. Sharaɗin shi ne mutum ya mallaki fili. Sai ya tafi Indabo ya sayar wa yayansa Labaran rabonsa na gonar gado, ya sayi fili a Sabon Garin Wudil, ya sa hularsa ta sallah ya nufi Kano. Yana da shekara arba'in da uku.

Akawun da ya tarar, wani saurayi ne mai suna Babba, ga layi a bayan Gwadabe har bakin ƙofa. Takardar da Turanci take, Gwadabe kuwa bai yi boko ba. Babba yana bin layuka da bakin biro yana fassarawa da sauri.

"Naira dubu shida za a ba ka. Duk wata a ciri naira arba'in da uku. Shekara ashirin. Akwai kuɗin awon fili, kuɗin takarda, kuɗin hatimi, kuɗin ruwa..."

"Dakata, Malam. Har da ruwa?"

"Har da ruwa mana. Shida cikin ɗari. Yana cikin biyan watan."

"Ba sai na biya daban ba?"

"A'a, duk a haɗe yake. Dangwala nan, Baba."

Gwadabe ya dangwala yatsa yana murmushi. A makon nan ake haƙa ramin bututun ruwa a bakin titin Sabon Gari, shi da kansa ya ɗauko bututan a tifarsa. Ba wai bai taɓa jin ana cewa bashi da ruwa ba. Ya sani, ya san haramun ne. Amma a wurinsa wannan aikin masu ba da rance a ɓoye ne, ba abin da za a buga a takarda mai hatimi a ofis mai fanka ba. Kuma an ambaci fili, an ambaci awo. In ana maganar gida aka ce ruwa, wane ruwa ne in ba na famfo ba?

Shekara ashirin ɗin ma bai ɗauke ta da nauyi ba. Ya zaci wa'adi ne aka ba masu wasa da biya. A motar komawa ya yi lissafinsa da ka, don ko bai iya karatu ba ya iya lissafi: dubu shida, arba'in da uku duk wata, wata ɗari da arba'in. Kusan shekara goma sha biyu. Daidai lokacin da zai ajiye aiki ke nan. Ya ce alhamdu lillahi.

An gina gida: ɗaki uku na bulo, zaure, kwano a sama. Ranar da suka tare, Gwadabe ya tsinci tsakuwa ɗari da arba'in daga ragowar yashin ginin, ya wanke su, ya zuba a babban gwangwanin madara ya ajiye ƙarƙashin gado. Duk ranar albashi ya ɗauki ɗaya ya cilla bayan katanga. Da ragowar siminti kuma ya gina gurbin famfo a tsakar gida da hannunsa, ɗan dakali mai rami a tsakiya kamar kwano, da magudana zuwa waje. Ya shafe shi sumul, ya hana yara taka shi.

Bututu ya wuce ta bakin titi. Gidan Alhajin kusurwa aka ja ruwa, gidan hedimasta aka ja. Gidan Gwadabe shiru. Indo ta ci gaba da sayen ruwa a wurin 'yan garuwa.

"Maigida, famfonka yau ma azumi yake yi," in ji ta, tana juye garwa a randa.

"Na biya. Za su zo."

"Hedimasta an ce zuwa ya yi ofishin ruwa ya ba da kuɗi."

"Shi bai ci rancen ba. Namu a haɗe yake."

"To Allah ya sa ba jikokinmu ne za su buɗe shi ba."

Shi mutum ne da idan ya ce zai kai yashi kafin azahar, to ya kai, saboda haka ya ɗauka kowa haka yake. Sau biyu ya leƙa ofishin ruwa na Wudil aka ce babu sunansa. Ya ce ai daga Kano takardar za ta zo. Kaji suka mayar da gurbin famfon wurin kwanciya. Maƙwabciyarsu Yelwa, duk lokacin da ta shigo, sai ta durƙusa a gabansa ta yi kamar tana wanke hannu, ta ce, "Kai, Indo, ruwan nan naku da sanyi yake!" Su yi ta dariya.

Shekara huɗu cur. Tsakuwa arba'in da takwas suka fita daga gwangwani, saura tasa'in da biyu. A bazarar shekarar kuɗin garwa ya ninka, Indo ta daina tsokana ta fara magana da gaske. Gwadabe ya nemi izinin kwana ɗaya a wurin aiki, ya ɗauki takardarsa a cikin leda, ya tafi Kano neman famfonsa.

Babba ya daɗe da barin wurin. Wanda ke kan teburin wani dattijo ne mai tabarau, Malam Haladu. Suka gaisa, gajiya da iyali da zafi, sannan Gwadabe ya ajiye takarda.

"Ranka ya daɗe, ba rigima na zo yi ba. Shekara huɗu ana cirar mini kuɗin ruwa, har yau ko ɗigo ban gani ba."

"Ɗigon me?"

"Ruwa. Famfo. Na gina gurbinsa tun ranar da muka tare."

Dariya ta kuɓuce wa Malam Haladu, har ya juya zai kira na kusa da shi ya ji. Sai ya dubi fuskar Gwadabe, dariyar ta tsaya. Ya cire tabarau ya goge.

"Malam Gwadabe, ja kujera. Wa ya karanta maka takardar nan?"

"Yaron da ke nan wurin."

"Ruwan da ke cikin takardar nan ba na sha ba ne. Ruwan bashi ne."

Gwadabe ya dubi takardar. Fanka tana juyawa a sama.

"Riba?" ya ce.

"Mu nan kuɗin ruwa muke cewa."

Malam Haladu ya ɗauko babban littafi ya buɗe shafin Gwadabe, ya juyo da shi duk da ya san ba zai iya karantawa ba. Ya yi bayanin a hankali. Dubu shida aka ba shi. Duk naira ɗari da ke kansa, tana haifar naira shida a shekara. A watan farko, cikin arba'in da ukun da aka cira, talatin ruwa ne. Goma sha uku kaɗai suka taɓa uwar kuɗin. Wata na biyu ma kusan haka. Sai can shekaru sun ja ruwan yake raguwa.

"Na biya dubu biyu da sittin da huɗu," in ji Gwadabe. "Saura dubu uku da ɗari tara da talatin da shida. Na ƙirga."

"Ƙirgarka daidai ce, ka biya dubu biyu da sittin da huɗu. Amma abin da ya ragu daga uwar kuɗin ɗari bakwai ne. Ana bin ka dubu biyar da ɗari uku."

"Sauran fa?"

"Ruwa."

Gwadabe ya san irin wannan. Lokacin da yake lodi, akwai wani wuri a gaɓar kogi da za ka wuni kana kwasar yashi, ka dawo da safe ka tarar ramin ya cike kamar ba a taɓa shi ba. A can abin murna ne.

"To yaushe zan gama?"

"Shekara ashirin aka rubuta. Saura goma sha shida. Wata ɗari da tasa'in da biyu. Idan ka gama, ka biya dubu goma da ɗari uku da ashirin ke nan."

"A kan dubu shida."

"A kan dubu shida."

"Ranka ya daɗe, shekara takwas suka rage mini a aiki. Fanshon direba nawa ne? Idan aka ciri arba'in da uku, me za mu ci?"

Malam Haladu ya mayar da idonsa kan littafin.

"In na kasa fa?"

"Takardar gidan tana hannunmu."

"Ni ban nemi riba ba. Famfo na ji."

"Na yarda. Wallahi na yarda. Amma yatsanka ne a nan." Ya nuna masa. "Hanya ɗaya ce. Ka kawo dubu biyar da ɗari ukun gaba ɗaya, ruwan ya tsaya."

Gwadabe ya naɗe takardarsa ya mayar cikin leda. Ya yi godiya, don mutumin bai ɓoye masa komai ba.

Bai sauka a gida ba. Ya wuce Indabo. Ya tarar da Labaran yana sharar gonar da ya sayar masa, ya tsuguna a bakin kunya ya gaya masa komai. Labaran ya jingina da fartanya ya daɗe yana salati.

"Kai da ko rancen gero ba ka taɓa ci ba, Gwadabe."

"Yaya, ba wa'azi na zo nema ba."

"Na sani. Ko na sayar da gonar nan duka da shanun huɗa, ba za su kai rabin abin da ka faɗa ba. Kuma mu goma sha ɗaya ne a kanta. Sayar da gidan mana."

Gwadabe ya riga ya yi wannan lissafin a mota. Idan ya sayar ya biya kamfani, abin da zai rage a hannunsa ba zai sayi fili ya tayar da ɗaki ɗaya ba, don buhun siminti ya ninka kuɗin da ya saya. Su koma haya bayan kasuwa, ba gida, ba gona, ga dubu biyun sun tafi.

"To ka yi ta istigfari," in ji Labaran. "Allah ya san abin da ka ji."

Ya ba shi kwano biyu na wake ya kai wa yara.

Bayan la'asar ya iso gida. Indo tana tankaɗe a tsakar gida. Ta yi masa sannu da zuwa, ta kawo masa ruwa a moɗa, ta tsaya.

"Sun ce yaushe?"

Ya sha ruwan ya miƙa mata moɗar.

"Wai ya zo tun tuni."

"Me ya zo?"

"Ruwan. Shekara huɗu ke nan muna cikinsa."

Ta dube shi, ta ga ba wasa yake yi ba. Ya zauna a bakin gurbin famfon ya gaya mata yadda Malam Haladu ya gaya masa, bai rage ba, bai ƙara ba. Indo ba ta yi kuka ba, ba ta kuma ce ai na faɗa ba. Ta ajiye rariya ta zauna a ƙasa.

"Ke nan gidan ba namu ba ne?"

"Namu ne muddin ana cira."

"In an daina fa?"

Ya tashi ya shiga ɗaki ya jawo gwangwanin daga ƙarƙashin gado. Ya zazzage a tabarma ya ƙirga: tasa'in da biyu. Ya fita bayan katanga, inda ya yi shekara huɗu yana cilla tsakuwa, ya tsuguna yana tsinta a hularsa. Nasa da ya jefar sun gauraya da na hanya, bai damu ya bambanta ba. Sai da ya cika ɗari ya dawo.

Gwangwanin bai ɗauke su duka ba. Ya jijjiga, ya danna, wasu suka zubo. Ya duba tsakar gida ko akwai abin da ya fi shi girma. Sai ya kori kazar da ke kwance a gurbin famfon, ya toshe magudanar da tsumma, ya juye duka a ciki. Suka zauna daidai, kamar don su aka gina shi.

Ya ƙirga tasa'in da shida ya tura gefe ɗaya. Waɗannan na shekarun da suka rage masa a aiki ne. Ragowar tasa'in da shidan ya bar su a ɗaya gefen. Ya daɗe yana kallonsu.

"Waɗancan fa, Maigida?" in ji Indo.

"Ban sani ba."

Daga waje ɗan garuwa ya yi sallama. Indo ta kwance bakin zaninta ta ƙirga kwabbai, ta ce ya shigo da garwa ɗaya.

Washegari Gwadabe ya tayar da tifa tun hantsi bai yi ba. Akwai lodi shida da za a kai Dagumawa, inda ake gina makaranta. Ya kai su duka kafin azahar.