Yadda Kabewar Bahiyya Ta Sami Sunan Ta Uku

In ka shiga kasuwar Talata ta Kafrul Gimmez ka ce a auna maka rawayar kosa, masu talla za su gane baƙo ne kai. Koriyar, wannan 'yar kabewa mai taushi da ake ƙwaƙule wa ciki a cusa shinkafa a yi mahshi, sunanta kosa kamar ko'ina. Amma rawayar, mai siririn wuya a lanƙwashe, Ta Uku muke ce mata. "Ta Uku ta fara fitowa?" "Zuba mini Ta Uku, ban da tsofaffi." Yaran yanzu suna cewa wai don ita ce ta uku wajen nuna a gona. Ina suka sani? Daga gidan Bahiyya sunan ya fito, kuma ba ta daɗi ya fito ba.

Bahiyya daga kudu aka kawo ta aure. Ranar da za a sa ta a jirgin ƙasa, uwarta ta ƙulle mata irin kabewa a gefen gyale, ta ce, "Kakata ta ba uwata, uwata ta ba ni. Kada ya mutu a hannunki." Shekara ba ta zagayo ba uwar ta rasu. Ba ta bar mata zobe ko tukunya ba, wannan ƙullin shi ne gadon.

Ta kuwa riƙe shi. A ɗan fili bayan gida, bakin magudanar ruwa, take shukawa. Kowace shekara takan zaɓi 'ya'ya masu kyau ta ɗaura musu jan ƙyalle, alamar ba na tukunya ba ne. Sai sun tsufa a jikin uwarsu, ɓawon ya yi taurin da farce ba ya shiga, sannan ta fasa, ta wanke iri, ta shanya a kan soro, ta gauraya da toka ta rufe a tulu. Matan gari kowa ta zo roƙo takan ba ta. Ba wadda ta taɓa wahalar ajiye nata, don me, ga Ummu Ragab nan? Haka ake kiranta, da sunan ɗanta na fari.

Mijinta Mitwalli dillalin shanu ne. Ba mugu ba ne, kada a ɗauki alhakinsa. Bai taɓa ɗaga mata hannu ba, ranar kasuwa kuma ba ya shigowa gida hannu rabbana. Ciwonsa bakinsa ne. Yana cikin mazan nan namu da rantsuwa da Allah ba ta isar su, sai sun haɗa da igiyar aure. "Matata ta saku in na rage ko sisi." "Matata ta saku in ka biya kuɗin shayin nan." Yawanci a yi dariya a bi masa, magana ta wuce. Sau biyu ba ta wuce ba. Na farko a kan wata saniya ce da ya rantse ba zai sayar ba, kafin azahar ya sayar. Na biyu a kan shayi, ashe abokinsa ya riga ya biya. Duka biyun Bahiyya tana tsakar gida tana aikinta aka aiko mata wai ta saku. Duka biyun ya biyo ta da alewa da dattawa, ta koma ɗakinta. Gari kuwa yana ƙirge, kowa ya san saura ɗaya.

Sai shekarar farin ƙuda ta zo. Ganyen kabewa ya nannaɗe ya bushe daga wannan gona zuwa waccan. Bahiyya ta shuka ya mutu, ta sake ya mutu, ta zazzage tulun kaf ta yi shukar ƙarshe. Tushe ɗaya ne ya rayu, shi ma a wahale. Ta lulluɓe shi da tsohon gidan sauro, ta riƙa shafa furen namiji a kan na mace da hannunta tun da sassafe. Ɗa ɗaya tak ya kama, daga nan uwar ta daina fure. Ta ɗaura masa jan ƙyalle. Ta zaga gidajen da ta taɓa ba iri, ko ƙwaya babu. Ga auren autarta Husna ya matso, ita ma dole a ƙulle mata nata a gyale.

Mitwalli bai san wannan ba. Shi dai kosa a faranti ya santa.

Wata Talata yana gidan shayi, wani falke daga wani gari, Alhaji Awad, ya ce cikin hira, "Na ji an ce rawayar kosar nan ta garinku ta ƙare bana."

"Ta ƙare a gidan wa?" in ji Mitwalli. "Matata ta saku in rana ta faɗi yau ba ka ci mahshin rawayar kosa a gidana ba."

Waɗanda suke wurin sun ce har mai shayi ya tsaya da buta a hannu. Matansu sun faɗa musu halin da ake ciki, Mitwalli ne kaɗai bai sani ba a duk garin.

Bahiyya tana tankaɗe ta ji hayaniya a ƙofar gida. Ta leƙa, ga mijinta da baƙo, ga rabin kasuwa a bayansu, ba mai dariya.

"Ummu Ragab, a yi wa Alhaji mahshin rawaya, yanzu-yanzu."

"Babu rawaya bana, Abu Ragab. Sai koriya."

"Kamar yaya babu? Jiya na hango wata a bayan gida."

"Ta iri ce. Ita kaɗai ta rage."

Ya yi wata 'yar dariya wadda ba ta kai ciki ba. "To ai sai ki tsinko ta. Na riga na rantse."

"Da me?"

Ya sunkuyar da kai. Rariyar ta suɓuce daga hannunta, gari ya watse a ƙasa. Shekara talatin da wani abu, 'ya'ya biyar, jikoki, ashe duk an ɗora su a kan teburin mai shayi saboda wani baƙo ya yi magana.

Alhaji Awad, bawan Allah, gumi ya jiƙa masa jallabiya. "Baiwar Allah, ni na yafe. Wallahi na ƙoshi, ko kosa ma ba ta dame ni ba."

"Ba naka ba ne da za ka yafe, Alhaji," in ji wani dattijo. "Magana zarar bunu ce."

Maƙwabciyarta Tafida ta ja ta gefe tana raɗa. "Ke, ɗauko koriya mu fere ta mu jiƙa a kurkum. Wa zai gane?"

"Shi Alhajin za mu ruɗa, ko Wanda ya ji rantsuwar?"

"To a ɗan yanko gefenta mana, ya lasa."

"In wuƙa ta taɓa ta, ruɓewa za ta yi."

Husna ta rungume ta tana kuka. "Umma, ni na yafe irin. Ba na so, ki tsinke kawai."

Bahiyya ta dubi 'yarta. Ta tuna ranar kai amarya, ta tuna dangin ango za su tambayi ina uwar amarya take zaune. Ta ɗauki wuƙa ta nufi bayan gida, mutane suka dare mata. Kowa ya yi ajiyar zuciya. Ita ma da niyyar yankewa ta tafi, wannan ta sha faɗa daga baya.

Ta ɗaga gidan sauron ta durƙusa. Ga ta nan kwance a ƙarƙashin ganye, ba ta wuce tsawon tafin hannu ba, rawaya shar, jan ƙyallen a wuyanta. Ta tallabe ta da hagu, ta kai wuƙa. Ta ce a ranta, Inna, ki yafe mini.

Sai ta jiyo muryar Mitwalli a bayanta. Hankalinsa ya kwanta, baki ya dawo. "Ka gani ko, Alhaji? Ai na san kayana. Ummu Ragab ba ta taɓa kunyata ni ba. Ko sau goma na rantse, ita za ta fitar da ni."

Hannunta ya tsaya. Ko sau goma. Wato gobe ma haka, jibi ma haka, yau kabewar uwarta, gobe kuma Allah kaɗai ya san mene ne. Ta saki kabewar a hankali, ta mayar da gidan sauron, ta soke wuƙar a ƙasa. Ta gyara zama a kan kunyar shukar ta miƙe ƙafafu.

Da farko an zaci hutawa take yi. Da aka ga la'asar ta yi sanyi ba ta motsa ba, sai mutane suka fara kallon juna.

"Ummu Ragab, rana fa tana tafiya," in ji Mitwalli.

"Ina ganinta."

"Ke wasa kike yi? Ta uku ce fa."

"Na iya ƙirge, Abu Ragab. Biyun farko ma a kaina suka faɗa."

Ya matso har bakin kunya. "Haba Bahiyya. Kabewa ce fa. A kan kabewa za ki kashe aurenmu?"

"Ni na ɗora shi a kan kabewa? Ina tankaɗe ka zo ka same ni."

Ya kai hannu zai zare wuƙar, ta dafe ta. "In ka tsinke, sai dai ka dafa da kanka. Ka ciyar da baƙonka, rantsuwarka ta fita. Amma ka sani, da ƙafata zan bar gidan nan, ba sai ka sake ni ba."

Ya janye hannu. Mutumin da ba a taɓa rufe masa baki a kasuwa ba ya tsaya yana kallon matarsa kamar yau ya fara ganinta. Ragab ya zo a guje daga gona ya roƙe ta. Tafida ta roƙe ta, dattawa suka haɗa ta da Allah da Annabi. Alhaji Awad ya zauna a gindin bango ya rufe fuska da rawani. Ita kuwa ba taurin rai take ji ba, tsoro take ji. Tana ta mamakin kanta. Sau da yawa ta ce bari in tashi in yanke a huta, jikin ya ƙi.

Ladan ya kira magariba.

Ba wanda ya yi salati da ƙarfi, ba wanda ya yi ihu. Husna ce kawai ta sulale ta zauna a ƙasa. Bahiyya ta tashi ta kaɗe rigarta, ta ce wa Ragab, "A gyara mini ɗaki a gidanka. Gobe kuma ka zo ka kewaye mini wurin nan da kara, saboda awaki."

Garin ya kwana biyu ba a maganar komai sai wannan. Wasu matan suka ce ta haukace, wasu suka riƙa kallon mazansu. Gidan shayi kuwa rantsuwa da aure ta ɗauke ɗif. Yara suka riƙa leƙe ta tsakanin kara suna nuna wa juna: "Ga ta can, ta ukun." Tun daga nan sunan ya bi ta.

Mitwalli ya daina zuwa kasuwa, ya rame. 'Ya'yansa maza suka ɗauke shi suka kai birni wurin manyan malamai. Aka tambaye shi, da ya furta, rabuwa da matarsa yake nufi, ko burge baƙo? Ya fashe da kuka a gaban mutane. Malamai suka ce rantsuwa ce ba saki ba, ya ciyar da miskinai goma, ya kuma kama bakinsa. Suka dawo da murna, Ragab har da tuntuɓe wajen kai wa uwarsa albishir.

Ta saurara har ya gama. Ta ce, "To, madalla. In iri ya bushe zan koma."

Haka aka yi. Sai da kabewar ta tsufa, ta fasa ta, ta wanke irin, ta shanya a soron ɗanta. Ta raba uku: kashi ɗaya a gyalen Husna, ɗaya a tulu, ɗaya ta rarraba wa maƙwabta, kowacce da gargaɗin ta ajiye nata. Sannan ta ɗauki ƙullin kayanta ta koma ɗakinta.

Sun ƙara shekaru tare, lafiya lau a idon mutane. Mitwalli bai sake rantsuwa da ita ba, ko da saniya za ta kuɓuce masa. Amma abu ɗaya yana cin sa. In aka kawo mahshin rawaya yakan daɗe yana juya shi a faranti.

Da ciwon ajali ya kwantar da shi, wata ranar hantsi tana zaune a bakin gadonsa tana ƙwaƙular kosa a tire, ya kira ta.

"Bahiyya."

"Na'am."

"Ranar nan. Kin san dama malamai za su ce bai saku ba, ko? Wani ya faɗa miki. Shi ya sa kika zauna."

Ta ga yadda ya ƙura mata ido, ta san amsar da yake roƙo. Tausayinsa ya kama ta har ƙwalla ta taru mata. Kalma ɗaya ce, ba za ta rage ta da komai ba. Amma tsakaninsu an sha wahalar maganar da ake faɗa don daɗin baki.

"Ban sani ba, Abu Ragab," ta ce. "Na bar ka ranar nan. Malamai ne suka dawo da ni."

Ya daɗe yana kallon rufin ɗaki. Can ya gyaɗa kai, ya miƙo hannu ya ɗauki kosa ɗaya daga tiren, ya riƙe mata ita har ta gama wadda ke hannunta.