Gwadon da Ya Faɗaɗa Ɗakinmu

Jiya a Tunga na ji ƙamshin sabon zaren auduga a wani shago, sai kakata ta faɗo mini a rai. Masaƙiya ce, cikin 'yan kaɗan ɗin nan da idan suka rataya saƙarsu a bango, ɗaki kan ƙara faɗi. Ba ta cika yi ba, domin duk takun da ɗaki ya ƙaru, sai ganinta ya ragu.

Wata damina, lokacin ina zaune da ita a Sabon Gari, ruwa ya rushe ɗakin maƙwabciyarmu, 'yar kudancin Kaduna mai 'ya'ya uku. Ta tsaya a ƙofarmu da tukunya a hannu, ta jiƙe sharkaf. Ɗakinmu kuwa tabarma biyu yake ɗauka.

Na ce, "Kaka, idonki fa?"

Ta ce, "Abin da na gani a duniya ya ishe ni. Miƙo zaren."

Kwana uku muna takure, ina jin bugun masaƙarta. Da ta rataya gwadon da ta saƙa, bango ya ja baya har aka shimfiɗa tabarma ta uku. Daga ranar, da tafin hannu take gane fuskata.

Allah ya yalwata mata makwanci, ya haskaka shi.